Dutsen Iyaka a Ƙarƙashin Gado

"Umma, idan Abba ya kashe Mai Famfo, wa zai riƙa gyara mana famfo?"

Tela tana durƙushe da tef a wuya da fil a baki, tana gwada tsawon wandon makaranta a ƙafar ɗaya daga cikin 'yan biyun maƙwabta, lokacin da 'yarta ta jefo wannan tambaya. Yarinyar 'yar aji ɗaya ce, duk layin Uwar Magana ake ce mata, kuma ba a banza ba. Matar Mai Famfon kuwa, Maman 'Yan Biyu, tana zaune a kan benci, kusa da keken ɗinki, har gwiwarta na taɓa tebur.

Tela ta zare fil daga baki a hankali, ta ce wa yarinyar ta je ta duba ko ƙaninta ya farka. Uwar Magana ba ta motsa ba. Sai ma ta ƙara bayani, cewa da kunnenta ta ji Abba yana faɗi da safe, yana yanka rodi a shago yana rantsuwa. Maman 'Yan Biyu ta miƙe, ta naɗe yadinta da ba a riga an sa masa almakashi ba, ta tasa yaranta gaba. A bakin ƙofa ta juyo.

"Ki gaya wa mijinki, shi ma nawa ba da auduga yake aiki ba."

Rigimar duk a kan wani siririn fili ce da ke tsakanin gidajen biyu, faɗinsa bai wuce mutum ya tura baro ya wuce ba. Na su Tela ne. Lokacin da mijinta, Mai Walda, ya gina gidan, da gangan ya ja bangonsa baya ya bar wurin, don ruwan tsakar gida ya sami hanyar fita zuwa kwatar titi, tagar ɗakin yara kuma ta sha iska. A bakin filin, ta wajen titi, akwai wani guntun dutsen siminti mai lamba a kansa, wanda masu awon filaye suka kafa tun ana yanka unguwar. A kansa Uwar Magana take zama Abbanta ya ɗaura mata takalmi. Shekara da shekaru ba wanda ya taɓa yi wa dutsen nan kallo na biyu. Mai Walda ne ya ƙera wa maƙwabcin ƙofar gida, Mai Famfo ne ya ja musu ruwa har banɗaki. In sun haɗu da safe wannan ya ce da wancan Sarkin Tartsatsi, wancan ya ce da wannan Sarkin Yoyo, su tafa.

Sai Mai Famfo ya tashi gina shagon sayar da bututu a gefen gidansa. Da leburori suka haƙa harsashi, ramin ya tsallake dutsen, ya cinye filin nan kaf, sai ɗan abin da kyanwa za ta ratsa ya rage tsakaninsa da bangon su Tela. Da aka yi masa magana ya ce wanda ya sayar masa da fili da ƙafa ya nuna masa iyaka, kuma har jikin bangon nan ya taka. Dutse kuwa, in ji shi, wa ya san wanda ya matsar da shi.

Daga nan abin ya soma hawa. Layin bulo na farko ko bushewa bai yi ba Mai Walda ya bi shi da ƙafa ya zubar. Washegari ƙanin Mai Famfo, wani ƙato da ake kira Direban Tifa, ya juye yashi cike da mota a ƙofar gidansu, sai da Tela ta hau tudu da goyo kafin ta fita. Mai Walda ya kifa wa wani lebura mari har leɓensa ya fashe. Aka wayi gari an datse musu bututun ruwa daga waje. Da rana tsaka duwatsu suka riƙa sauka a kan kwanon rufinsu, jariri ya firgita ya yi ta tsala ihu. Dattawan layin sun zaunar da su, aka tashi baram-baram, kujera ɗaya a karye. Bangon kuwa yana ta tashi, ya kai gwiwa, ya kai ƙugu, ya soma leƙa tagar yara.

Tela ba mai yawan magana ba ce, amma in ta ga ɗinki zai ɓaci ba ta jira ya kai ƙarshe. Akwai wata lauya da take ɗinka wa kaya. Ta goya ɗanta, ta ɗauki takardun filin daga ƙasan akwati, ta same ta a ofis. Lauya ta saurare ta tsaf, ta ce maganar ba ta da wuya. Za su shigar da ƙara, su roƙi alƙali ya fara ba da umarnin tsayar da ginin, daga baya kotu ta turo mai awo ya fitar da iyaka. Ta ce Tela ta ɗauki hoton komai da wayarta, bango da rami da dutse. Da ta rako ta bakin matakala sai ta riƙe mata hannu.

"Abu ɗaya nake roƙonku. Kada kowa ya taɓa komai a wurin nan. Ko tsinke ne ku bar shi inda yake."

Shawo kan maigidan ya fi zuwa ofishin wuya. Ya ce kafin kotu ta ɗaga ƙafa ɗaya an yi wa shagon rufi an sa kwan lantarki. Ya ce tun da yake bai taɓa jin namiji ya kai ƙarar bango ba, ga guduma a shago tana zaman banza. Yana magana yana juya guntun rodin nan a hannu, wanda ya fiƙe wa baki. Tela ta bari ya gama, sannan ta miƙa hannu ta karɓi rodin, ta jefa shi bayan tankin ruwa.

"Abban yara, ni tela ce, amma ban iya ɗinkin likkafani ba. Kuma ba a kanka zan koya ba."

Ya yi tsaki, ya yi ƙwafa, amma ya bi ta ya sa hannu a ƙarar.

Ana jiran umarnin alƙali ruwan sama ya sauko, wata la'asar, kamar da bakin ƙwarya. Tela tana shagonta na gaba tana sauri ta gama wata riga, ɗan yana barci a katifar ƙasa a ɗakin yara. Ruwan tsakar gida ya nufi hanyarsa ta kullum, ya tarar da bulo da siminti, ya juyo. Kukan yaron ne ya tashe ta. Ta tarar da ɗakin ya zama tafki, ruwa baƙi da dattin kwata ya haye katifa, yaron yana kwance a ciki har kunne, yana shure-shure yana ƙwarewa. Ta sure shi, ta kife shi a hannu tana bubbuga bayansa har ya amayar da abin da ya haɗiya. Mai Walda ya shigo ya ga katifar. Ya daɗe tsaye cikin ruwan yana kallon bangon da ya toshe tagar. Tsayuwar nan ta fi rantsuwarsa ba ta tsoro.

Da safe lauya ta bugo waya da labari mai daɗi: alƙali ya sa hannu, ma'aikacin kotu zai kawo umarnin kafin azahar. Tela ta gaya wa mijinta, ta ce saura ƙiris, ya daure. Ta kama hannun Uwar Magana ta kai ta makaranta, zuciyarta wasai.

Da ta dawo, dutsen ba ya nan. Rami ne kawai a wurin, da sawun laka da ya bi ta ƙofar gidansu, ya ratsa tsakar gida, ya shige ɗakin barcinsu. Ta tarar da Mai Walda yana goge hannu da tsumma, fuskarsa a sake, karon farko tun da aka fara rigimar. Ya ɗaga zanin gado ya nuna mata. Ga dutsen a ƙarƙashi, kwance tsakanin akwatinta da takalmansa, da saiwar ciyawa a gindinsa.

Ya ce ya ji Direban Tifa yana yi wa leburori dariya, wai in ya zo juye tsakuwa yau zai yi baya da mota ya take dutsen bisa kuskure. Shi kuwa Mai Walda duk rayuwarsa abu ɗaya ya sani: abin da ke da daraja a ciro shi, a sa shi bayan ƙofar ƙarfe, a danna kwaɗo. Da wannan yake ci, da wannan yake sha.

"Ga shaidarmu nan na adana. Ranar zama in ɗauka in dire wa alƙali a kan tebur, ya karanta lambar da idonsa."

Tela ta zauna a bakin gadon. Ta tambaye shi, in ta yi wa yadi alama da alli, sai ta kankare alamar ta zuba a aljihu don kada ta ɓata? To in ta zo yanka, a ina za ta sa almakashi? Sai ta ga maganar ta shige shi, murmushin ya bushe a fuskarsa. Tsoro ya hana ta tunanin ɗaga waya ta kira lauya. Ta ce ya yi maza ya mayar da shi kafin wani ya gani.

Ya rungumi dutsen a ƙirji ya fita, ta bi shi da diga, don laka ta riga ta zubo ta cike rabin ramin. Ya durƙusa ya soma haƙa. A haka Mai Famfo ya fito ya same shi: a bakin iyaka, dutse a gefe, diga a hannu, yana tona sabon rami.

Mai Famfo zai tafi aiki ne, da babbar sifanar bututu a kafaɗa. Ya tsaya, ya dubi dutsen, ya dubi ramin.

"Ashe kai ne kake yawo da shi. Ɓarawon ƙasa."

Mai Walda ya ɗaga hannu zai yi bayani. Sifanar ta sauka a kafaɗarsa, Tela ta ji ƙarar ƙashi daga inda take tsaye. Ya faɗi gefe, ya miƙe da ƙotar diga, ya zabga wa Mai Famfo a haƙarƙari, ya ƙara masa a baya. Suka cakume, suka faɗa kan tarin bulo, bulo ya rushe a kansu. Leburori suka watsar da kwanon siminti suka ja baya. Tela tana ta kiran sunan mijinta. Sai ga Direban Tifa ya diro daga mota da shebur. Ya daki Mai Walda a gadon baya da faɗin shebur ɗin, Mai Walda ya kife, ya kai hannun dama ya dafa dutsen zai tashi. A nan Direban ya juya shebur, ya sauke kaifinsa a kan hannun, a kan dutsen.

Ihun da Mai Walda ya yi ba irin na mutane ba ne. Jini ya yi tsartuwa har jikin sabon bangon. Ya lalubo wani guntun rodi daga cikin kayan ginin da hannun hagu, ya kai duka ba tare da ya ga wanda zai samu ba. Mai Famfo ne yake sunkuyowa a lokacin. Rodin ya same shi a fuska, daga gira zuwa kunci. Ya dafe ido da hannu biyu, ya durƙushe, jini na bin tsakanin yatsunsa yana ɗiga a gwiwar hannu.

Tela ta ruga, ta manta da goyon da ke bayanta. Maman 'Yan Biyu ta fito ba ɗankwali, ta tare ta, ta damƙi wuyan rigarta, ta yakushe ta daga kunne zuwa haɓa. Tela ta cije ta a hannu. Suna cikin kokawa Direban Tifa ya ɗaga bulo guda ya jefi Mai Walda. Bulon ya kuskure shi, ya wuce ta gefen kan jaririn har iskarsa ta ɗaga masa hula, ya tarwatse a bango. Matan biyu suka sandare. Maman 'Yan Biyu ce ta fara sakin rigar. Ta kai hannu tana shafa kan yaron tana dubawa.

Maza daga shagunan layin suka danne Direban, suka ƙwace shebur. Tela ta cire ɗankwalinta ta ɗaure hannun mijinta tamau a saman wuyan hannu, ta ja kullin da haƙori. Sannan ta durƙusa cikin yashi ta tsince yatsunsa, ta naɗe su a ƙyallen da ke aljihun rigar aikinta.

Ana cikin haka wani mutum mai jakar takardu ya tsayar da babur. Ya ce daga kotu yake, wane ne Mai Famfo? Aka nuna masa wanda ke birgima a ƙasa. Mutumin ya dubi takardar, ya dubi jinin, ya girgiza kai. Ya nemi inda bangon yake da tsabta ya manna umarnin tsayar da gini. Ko hantsi bai gama ɗagawa ba.

A asibiti ɗaki ɗaya aka kwantar da su, gado kusa da gado, labule a tsakani, ɗan sanda a kan kujera. Wata nas da ta ji labarin ta ce duk wanda ya matsar da labulen nan da ita zai yi. Ba wanda ya yi dariya. Likita ya buɗe ƙyallen Tela, ya duba, ya nannaɗe ya ce ta yi haƙuri. Idon Mai Famfo na hagu ma bai tsira ba. Matan biyu suka yini a benci ɗaya a baranda, kowacce a nata ƙarshen, da sawun farce a fuskar wannan, da sawun haƙori a hannun waccan.

Shari'a ta zama biyu: ta fili, da ta jini. A ta filin, lauyan Mai Famfo ya kama maganar dutsen bai sake ta ba. Ya kira leburori suka ba da shaidar sawun laka har cikin ɗaki. Ya ce mutumin da ke kwana da iyaka a ƙarƙashin gado, ina za a san sau nawa ya fita da ita yawo? 'Yan sanda suka shigo da dutsen, da busasshen jini a kan lambar, suka dire shi a gaban alƙali, kamar dai yadda Mai Walda ya so. Alƙali ya leƙo ta saman tabarau ya dube shi.

"Na ga dutse. Wa zai gaya mini inda yake zaune?"

Mai Walda ya sunkuyar da kai, hannunsa naɗe da bandeji a kan cinya. Lauyarsu ta miƙa hotunan da Tela ta ɗauka tun kafin a taɓa komai, ta roƙi kotu ta tura mai awo. Aka yi ta ɗaga zama, Tela tana zuwa da goyo tana komawa, kuɗin ɗinki na tafiya a mota da magani.

Ranar da mai awo ya zo, da na'urarsa mai ƙafa uku, da lauyoyin ɓangarorin biyu a bayansa, ko kallon ramin bai yi ba. Can saman layi ya fara, daga duwatsun wasu gidaje da ba wanda ya taɓa, yana aunawa yana gangarowa, yana duba taswirar unguwa. Da ya iso ya kafa turkensa, sai ga shi a tsakiyar ramin da Mai Walda ya tono. Yana naɗe kayansa yake faɗa wa lauya, a hira kawai, cewa ko tifar ta niƙe dutsen ya zama gari, da haka zai fitar da wurin. Tela ta ji. Ta shiga gida ta rufe ƙofar banɗaki don kada yara su ga fuskarta.

Alƙali ya yanke cewa filin nasu ne, a rushe abin da ya shigo, Mai Famfo ya biya kuɗin rusau da ɓarnar ruwa. A ɗaya shari'ar kuwa, an tura Direban Tifa gidan yari saboda hannun, an ci Mai Famfo tara saboda shi ya fara duka, an tura Mai Walda gidan yari saboda idon, aka ƙara masa da laifin tumɓuke dutsen awo. Da za a fita da shi, ankwa ta ƙi zama a kan bandejin, sai a hannun hagu aka sa masa ita.

Ba ya nan aka rushe bangon. Ma'aikatan kotu ne suka zo da 'yan sanda da leburori masu guduma. Kowane duka sai ƙasa ta girgiza, kwanuka su yi ƙara a kicin. Mai Famfo yana tsaye a ƙofar da Mai Walda ya ƙera masa, da baƙin tabarau, yana juya kai gaba ɗaya don ya ga abin da ke faɗuwa ta hagunsa. Aka kwashe ɓaraguzai, aka kafa sabon dutse. Tela ta shiga ɗakin yara ta tura tagar, tagar ta cije, ta sa kafaɗa, ta buɗe. Haske ya faɗo a kan tabon ruwan da ke jikin bango.

Uwar Magana ta leƙa ta ga filin a share, ta tambaya ko su ne suka ci. Tela ta ce eh, su ne. Yarinyar ta ce to yaushe Abba zai dawo ya ɗaura mata takalmi. Tela ta tuna hannun da ta gani ranar ziyara, babban yatsa da ɗan ƙarami da fili a tsakaninsu, hannun da ba zai ƙara riƙe bakin walda ba. Ta durƙusa ta ɗaura mata da kanta. A tsakar gida famfo yana ɗiga cikin bokiti, ya daɗe yana ɗiga, ba wanda za a kira.

Ke da kike karanta wannan, ko kai, in kun wayi gari bangon maƙwabci ya shigo muku, ku shigar da yara ɗaki, ku ɓoye duk ƙarfen da ke gidan, ku ɗauki hoto, ku tafi kotu. Za a ja ku, za ku gaji, za ku ji kamar ba a yin komai. Ku jure. Dutsen nan da ke bakin iyaka kuwa, ko kun ga mota za ta taka shi, kada ku sa masa hannu. Alƙali ya iya mayar muku da ƙasa har taƙin ƙarshe, amma ba shi da yatsa ko ido da zai mayar wa kowa.